Marmarar da Ta Ɓata a Gadin Osumanu

Ina cikin zuba wa wani birkila wake da shinkafa a ganye, da hantsin Litinin, sai na ji ihun Jamiu sitokifa, mai kula da sito, daga cikin shinge. Wai an buɗe akwatin marmara an tarar da bulo. Da farko ko a jikina. Na ce Allah ya ƙara, dutse ne ba mu da shi a Gana da sai an ɗauko shi a jirgin ruwa daga Italiya? Sai da na ga kan leburori yana juyowa ɗaya bayan ɗaya wajen get, sannan na gane inda abin ya dosa. Mai gadin get ɗin nan wana ne, uwa ɗaya uba ɗaya, Yaya Osumanu.

Ni ce Azara, 'yan aiki suna kirana Mma Azara, tun ranar da aka haƙa tushen otal ɗin nake sayar da abinci a bakinsa. Bayan shekarun yunwar nan ne, da kaya suka fara komowa kasuwa. Gini ne ya tashi kan hanyar filin jirgi, ko daga unguwarmu Nima kike in kin ɗaga kai sai kin gan shi. Duk abin da ya shiga cikinsa ta gabana ya wuce: rodi mota-mota, siminti, baƙin gilashi, hannayen ƙofa na tagulla, katakon odum mai ƙamshi. Amma abin da Injiniya ya fi ji da shi shi ne marmarar falon karɓar baƙi, fara sol mai jijiya-jijiya, an yanka ta fale-fale kowane ya kai faɗin tire. Saboda nauyi ba a sa akwatunan a sito ba, a bayansa aka jera su aka rufe da tamfol.

'Yan sanda suka zo suka birkice wurin, ba su samu komai ba, suka ce mai gadi ya shiga mota. Da Sarkin unguwarmu bai iso ya tsaya masa ba, da tun ran nan Yaya ya kwana a bayan kanta. Aka bar shi a hannun Sarki zuwa ƙarshen mako. Marmara ta fito, shi ke nan. Ba ta fito ba, kurkuku. Tsoho mai tarin da ba ya barinsa barci, in ya shiga can ai gawarsa za a miƙo mana.

"Mutum uku suka shigo ran Lahadi," in ji Yaya, yana ta maimaitawa kamar mai karatun allo. "Jamiu, Abdulai, Salamu. Hannu rabbana kowa ya fita. Na rantse da wanda raina ke hannunsa."

Babu wanda ya yarda. In su ukun ba su fita da komai ba, to wa ya buɗe get? Da na je famfo da yamma sai wata marar kunya cikin matan layinmu ta ce, "Ei, Mma Azara, yaushe za mu zo ganin sabon daɓen ɗaki?" Allah ne ya taimake ta bokitina cike yake, kuma na sha wuya kafin na samu layi.

* * *

Washegari na hau mota zuwa kasuwar shanu ta Ashaiman na ɗauko Malam Imurana. Mutumin Tawa ne, can Nijar, aikinsa bin sawun shanun da aka sace wa dillalai. Siriri ne, ga sanda, ga goro a kumatu, ga sanyin jiki mai sa mutum hawan jini. Ya saurare ni har na gama, ya ce, "Dutse ba ya kiwo, Azara. Amma mai ɗaukarsa yana da ƙafa. Mu je."

Da muka isa ya tsaya bayan sito ya daɗe yana kallon ƙasa, sannan ya yi tsaki. An tafka ruwa ran Lahadi da yamma, ya wanke komai. Abin da aka taka bayan ruwan kuma duk kamar ƙafar mutum ɗaya, don kamfani ya raba wa kowa takalmin roba iri guda, daga shugaban leburori har mai kwaɓa ƙasa.

"Shanu sun fi ku kirki," ya ce. "Kowace da irin kofatonta."

Sawu ɗaya ne ya bambanta, tayar amalanke da ta fita ta get. A kanta duk Nima ta rataya zargi. Ta Amama ce mai tuyar kifi a Mamobi, wadda kamfani ya yarje wa ta riƙa kwashe ɓallin katako duk Litinin da sassafe tana hura wuta. Aka ce ai a ƙarƙashin itacen aka jera marmara, Yaya ya kau da kai.

Muka bi tayar. Ni ina gaba ina huci, shi yana baya yana tsayawa kallon kashin akuya. Muka ratsa lunguna har bakin babban kwalbati, inda aka gitta wasu katakai ana tsallakawa. Ya taka ɗaya da ƙafa, ya yi ƙara ya lanƙwasa.

"Nan ta bi," ya ce. "Ga shatar tayar. Wannan katako ko tunkiya mai ciki sai ta yi addu'a kafin ta hau. Da akwai dutse a amalanken nan da yanzu a cikin kwata muke nemansa."

"To ka sani tun a get, me ya sa ka jawo ni cikin rana?"

"Na sani. Mutanen unguwa ne ba su sani ba."

Ya sa muka ƙarasa gidan Amama, ya roƙe ta ta baje itacenta a gaban maƙwabta. Ta baje tana kuka tana zagi da Hausa da yaren Ga, ba a samu ko tsakuwa ba. Na ji kunyarta ƙwarai, don ni ma a zuciyata na zarge ta. Ta rungume ni ta ce in gaida Baba Osumanu, ta ba Imurana kifi a takarda, ya ci abinsa muna tafe.

* * *

Ranar Laraba ya ce a kira masa mutum ukun, ɗaya bayan ɗaya, a bencina. Wai mutum ya fi faɗin gaskiya da cokali a hannu.

Jamiu ya fara zuwa, ko loma bai iya kaiwa baki ba. Ya ce hadari ya gani ya zo ya ɗaure tamfol, ya ɗaure ya tafi. "Walahi, Baba, ni tsoron dutsen nan nake ji. In ya tsage a hannuna ina zan sa kaina?" Imurana ya kama tafin hannunsa ya juya, ya ga laushi kamar na mai jego, ya sake shi.

Abdulai mutumin arewa ne, ƙato, Hausarsa ta kasuwa ce. Shi ke shayar da sabon kankare, don kankare bai san Lahadi ba, in ba a jiƙa shi ba sai ya tsattsage. "Ni yana sama," ya ce, yana nuna ƙololuwar ginin. "Ni zuba ruwa, Allah ya kawo nasa ruwa, ni sauka. Ni bai gani komai." Ya cinye kwanonsa ya dubi na Jamiu da aka bari, na tura masa. Raina dai bai kwanta da shi ba, don irin ƙarfinsa zai ɗauki akwatin ma gaba ɗaya.

Na ƙarshe Salamu hedimani, shugaban leburori. Shi kam ɗan gida ne. Yaya ne ya kawo shi wurin ya roƙa masa aiki, kuma lokacin da rodi ya faɗo masa a ƙafa Yaya ne ya goya shi har titi ya yi jinyarsa a ɗakinsa. Ya zauna ya share hawaye. Ya ce igiyoyin sikafol, katakan da ake takawa a hau gini, ya zo dubawa, ya tsaya ya ba Baba goro a get, ya wuce.

"Ai Salamu ne ya fitar da mu kunya ran Litinin," na ce wa Imurana. "'Yan sanda za su afka masallaci da takalma, ya tare ƙofa ya ce sai dai su bi ta kan gawarsa. Suka leƙa daga waje suka juya."

"Madalla da ɗan Musulmi," in ji Imurana. Ya tofar da goro ya tambayi inda ake alwala.

Masallacin namu na wurin aiki ba wani abu ba ne. Rumfar kwano ce a bayan sito, an zagaye da bulo layi biyu, an zuba yashi an shimfiɗa tabarmi. Tun da abin ya faru can Yaya ya tare. In an idar da salla kowa ya watse shi yana nan, goshi a ƙasa, yana roƙon Allah ya nuna inda dutsen nan yake. Ina hango shi daga teburina, na kan juya baya don kada 'yan aiki su ga idona.

Aka ta da azahar. Ina kallon Imurana a ƙarshen sahu, aka yi sujada, aka ɗago, shi bai ɗago da wuri ba. Na ce yau ga ta, tsoho ya yi barci a salla, ni kuwa na kwaso wahala daga Ashaiman. Bayan sallama ya jira har Yaya ya tashi ya koma get. Sannan ya durƙusa a kusurwa ya ɗaga gefen tabarma, ya leƙa, ya mayar a hankali. Ya fito ya zo ya ce in ƙara masa wake.

"Me ka gani?"

"Ki aika wa Sarki ya zo la'asar. Injiniya ma a gaya masa. Kada ki ce komai, na san abin zai yi miki wuya."

Gaskiya ya faɗa. Na tashi yaro na aika.

* * *

Kafin la'asar wuri ya cika. Ga Sarki da rawaninsa a kan kujerar da aka ɗauko daga ofis, ga Injiniya, Kirista ne mutumin Kumasi, mai haƙuri, ya tsaya da hular kwano a hannu. Leburori suka yi alwala suka tuɓe takalma za su shiga, Imurana ya gitta sandarsa a ƙofa.

"A dakata. Ranka ya daɗe, ina da 'yar magana kafin salla." Ya juya ga jama'a. "Osumanu ya ce ba abin da ya fita ta get. Kun ce ƙarya yake. Ni na duba amalanke, na duba shinge, ban ga inda nauyi ya bi ya fita ba. To in abu bai fita ba, yana ina?"

"Ai an bincike ko'ina," in ji Jamiu.

"Ban da inda aka hana shiga." Ya shafa goshinsa. "Ni tun ina yaro a kan yashi nake salla. Yashi yana karɓar goshi. Na yau bai karɓi nawa ba, kuma sanyi na ji yana tasowa ta cikin tabarma."

Ya ce wa Abdulai ya naɗe tabarmi daga ƙofa, ya bar ta kusurwa. Abdulai ya naɗe. Yashi ya fito lumui, an share shi da kyau. Imurana ya soka sandarsa, ba ta shiga ko gaɓar yatsa biyu ba ta yi ƙwas. Ya share da tafin hannu, sai ga fari ya bayyana, mai jijiya-jijiya.

Injiniya ya saki hularsa ta faɗi. Leburori suka ɗauki kabbara. Ni kuwa na zauna a kan bulo ina ta alhamdu lillahi, hawaye har cikin baki. Amma Sarki ya ɗaga hannu.

"Dutse ya fito. Sai dai wanda ke kwana a nan shi ya fi kowa damar binne shi. Malam, ba ka wanke Osumanu ba tukuna."

Na miƙe zan yi magana, Imurana ya harare ni na koma.

"Gaskiya ne, ranka ya daɗe. Wanda ya yi aikin nan ya iya. Ya kwashe yashi, ya jera dutse, ya mayar, ya share sawunsa yana ja da baya. Amma mai shimfiɗa tabarma dole ya tsaya a wani wuri ya ja ta ƙarshe. Ruwan Lahadi bai shigo nan ba, akwai kwano a sama." Ya kama tabarmar kusurwa ya ɗaga.

Sawu ne guda biyu, tsaf kamar an zana. Ba na takalmi ba, na tsirarar ƙafa. Na hagun babban yatsa ya karkace ya hau kan na kusa da shi, wurin ƙaramin yatsa kuma babu komai.

"A kan yashin da ya rufe dutsen yake," in ji Imurana. "Mai shi ya taka bayan an binne, kafin a rufe. Ga ƙafafunku duk a waje, kowa ya dubi na maƙwabcinsa."

Ba wanda ya duba. Mutanen da suke sahu ɗaya kullum sun san ƙafar juna. Yaya ne ya matso, ya durƙusa a gaban sawun ya daɗe, sannan ya ce, da wata murya da ban taɓa jin ta a bakinsa ba, "Ni na wanke ƙafar nan. Ni na riƙa ɗaure ta har ta warke."

Salamu yana can baya, yana ƙoƙarin cusa ƙafar hagu cikin takalmi. Abdulai ya dafa kafaɗarsa, Salamu ya zauna daɓas.

Bai yi musu ba. Ya ce shi aka ba aikin rushe rumfar in an zo yin lambu, ya yi niyyar fitar da dutsen a motar kwasar shara in ƙura ta lafa. Ya ce bai zaci abin zai kai Baba kurkuku ba, ya ɗauka kora kawai za a yi. Kora kawai! Da ba a riƙe ni ba da ludayina ya ƙare a kansa. Na gaya masa abin da na gaya masa, Sarki ya yi kamar bai ji ba.

Injiniya dai abu ɗaya ya ɗaure masa kai. Ya dubi sawun, ya dubi tulin takalman roba a ƙofa, ya tambayi Salamu da Turanci, Jamiu ya fassara. Wai tun da takalmin kowa iri ɗaya ne, me ya sa ya cire nasa? Da ya bar shi a ƙafa ai babu mai gane shi.

Salamu ya ɗago kai, ga hawaye ga majina, ya dube shi kamar an zage shi.

"Haba, Masa, maigida! Masallaci ne fa."

Abdulai ne ya fara fashewa, sai kowa ya ɗauka. Sarki ya ja rawani ya rufe baki, kafaɗunsa suna rawa. Ni da nake kuka sai ga ni ina riƙe ciki. Imurana kaɗai bai yi dariya ba, ya ce, "Uwarsa ta yi tarbiyya, ƙafar ce kawai ta riƙe tarbiyyar."

* * *

Aka tafi da Salamu ofis a jira 'yan sanda. Injiniya ya kama hannun Yaya da hannu biyu ya ba shi haƙuri a gaban kowa, Sarki ya ce a sanar a masallacin unguwa bayan magariba, yadda wadda ta tambaye ni daɓen ɗaki za ta ji da kunnenta. Leburori suka shiga zaro marmara ɗaya-ɗaya suna kakkaɓewa, Jamiu yana binsu yana roƙo a yi a hankali. Ko ɗaya bai tsage ba.

Na zuba wa Imurana kwano har da ƙwai da taliya, ya ce kifin Amama ya fi, na ce to ya koma can. Sannan na waiga ban ga Yaya ba.

Yana cikin rumfar, a sahun gaba daga dama, wurin da yake tsayawa kullum. An zare duka sai falle ɗaya, wanda ke daidai nan. Ya tsuguna ya kafa masa ido. Na zaci Salamu yake tunani, na ce daga bakin ƙofa, "Yaya, ka bar shi da Allah, taso ka ci abinci."

"Azara, zo ki gani."

Na tuɓe silifa na shiga. Ya nuna mini yashin da ke kan dutsen. Akwai ɗan gurbi a tsakiya, inda tabarma ta lotsa.

"Goshina ne," ya ce. "Tun Litinin nake nan ina cewa ya Rabbi nuna mini, ya Rabbi nuna mini. Ashe ya gaji da ni, ya ɗora kaina a kai, ni ne ban buɗe ido ba."

Ya fara dariya, tari ya sarƙe shi, ya ci gaba da dariyar a haka har hawaye suka zubo. Rabona da jin dariyarsa tun kafin abin nan. Na bubbuga bayansa, ya share fuska da hannun riga, ya ɗaga dutsen da kansa ya miƙa wa Abdulai.

"Kai musu kayansu," ya ce. "Masu kuɗi su taka da takalmi. Ni dai na riga su, da goshi na taɓa shi."

Ya gyara hularsa, ya karɓi kwanon daga hannuna, ya koma bakin get ya zauna.